Daga Gadon Jinya Zuwa Sahun Salla: Shawarwari Ga Gidajen Zongo

Shekarun baya babur ya kaɗe kawuna a hanyar Aboabo, ƙashin ƙwaurinsa na dama ya karye. Bayan wata uku aka ɗauki hoto, likita ya ce ƙashi ya kama. Ranar nan gidanmu kamar ana suna, aka dafa waakye, maƙwabta na ta shigowa barka. Amma har shekara ta zagayo Kawu yana salla a kan kujera a ƙarshen sahu, cinyarsa ta dama ta tsotse kamar ta ɗan yaro. Mu 'yan gida muka jawo masa. Don tausayi muka hana shi komai, buta a kawo masa, koko a kawo masa, da ya yunƙura sai a ce, "Kawu zauna, me za a miƙo maka?" Ba mu san haɗewar ƙashi rabin warkewa ce kawai ba.

Ragowar rabin yana hannun masu gashin ƙashi, waɗanda a nan Kumasi muka fi kira fisiyo, kuma yana hannun mutanen gida. Atisayen da fisiyo ke bayarwa ya ginu ne a kan wani tsohon tunani. A 1875 wani injiniyan Jamus, Franz Reuleaux, ya bayyana inji a matsayin sarƙar ƙarafa masu haɗe da juna, in guda ya motsa dole saura su amsa. Kowane bakanike a Suame Magazine ya san haka ko bai taɓa jin sunan mutumin ba. A 1955 likitan ƙashi Arthur Steindler na Amurka ya ɗora wannan tunani a kan jikin ɗan Adam: idon sawu da gwiwa da ƙugu zobba ne na sarƙa guda. Daga nan aka kasa atisayen jinya gida biyu.

1. Ku iya rarrabe iri biyun da ido. Ku dubi tafin ƙafa kawai. In majinyaci na zaune a bakin gado ya miƙe ƙafa sama tana lilo a iska, sarƙar a buɗe take, mu kira shi motsin sake. Gwiwa ce kaɗai ke aiki, tsoka guda ce ke ɗauke da wahalar. In kuwa tafin ƙafa na kafe a ƙasa jiki ne ke sauka yana tashi, kamar tsuguno ko tashi daga kujera ko hawa matakala, sarƙar a rufe take, mu kira shi motsin kafe. A nan idon sawu da gwiwa da ƙugu tare suke aiki, tsokar gaban cinya da ta bayanta suna ɗaurewa lokaci guda su riƙe gwiwa kamar mutum biyu sun kama tsani. Haka yake ga hannu: ɗaga kwalba motsin sake ne, dafa bango a tura motsin kafe ne.

2. Kada ƙafar da ta karye ta ɗauki nauyi sai likita ya ba da izini. Ƙashin babban mutum yakan ɗauki mako 6 zuwa 12 kafin ya kama, na ƙwauri ma yakan wuce haka. Na san gidajenmu da yawa wurin mai ɗori ake fara zuwa. Ko da shi kuka zaɓa, ku je a ɗauki hoto, a asibitin Komfo Anokye da muke kira Gee ko wani da ya fi kusa da ku, don hannu ba ya ganin abin da ke cikin tsoka. Ku tambayi likita a fili: zai taka ne ko ba zai taka ba, in zai taka, da rabin nauyinsa ko duka? Kafin a sallame ku, ku roƙi a haɗa ku da sashen fisiyo.

3. Motsin sake tun yana kwance ake fara shi. Tsokar da ba ta aiki cikin mako biyu take fara zubewa, kuma ta gaban cinya ce kan gaba. Ga abin da galibi ake bayarwa. Ya kwanta rigingine, ya danna bayan gwiwa a kan katifa har cinya ta yi tauri, ya ƙirga biyar ya saki. Ya riƙa motsa tafin ƙafa sama da ƙasa kamar tela a kan keken ɗinki, wannan yana taimakon gudun jini. Da ya ɗan yi ƙarfi, ya lanƙwashe lafiyayyar ƙafa, ya ɗaga mai ciwon a miƙe kamar taƙi ɗaya daga katifa, ya sauke a hankali. Sau goma, a huta, a maimaita har zagaye uku. Idan nauyin ƙafar kaɗai ya daina gajiyar da shi, ba sai kun nemi ƙarfen gidan motsa jiki ba. Ledar fiya wata guda rabin lita ce, wato rabin kilo. Ku zura ɗaya a tsohuwar safa ku ɗaura a idon sawu, bayan kwanaki ku mai da su biyu. Ku ɗaura atisayen a jikin lokutan salla, bayan Asuba da bayan La'asar, ta haka ba mai mantawa.

4. Da an ba da izinin taka ƙasa, ku koma ga motsin kafe, a nan ne babban aikin yake. Rayuwar Zongo duk da ƙafa a ƙasa ake yin ta: tsallake kwata, hawa motar haya ta turoturo, sauka daga keke mai ƙafa uku na pragya, kutsawa cikin cunkoson kasuwar Kejetia. Mutum zai iya ɗaga ƙafa sau ɗari a kan gado amma ya kasa guda daga cikin waɗannan, domin ƙwaƙwalwa ba ta sake koyon yarda da ƙafar ba. A cikin gaɓoɓi da tafin ƙafa akwai jijiyoyin da ke gaya wa ƙwaƙwalwa inda ƙafa take ko da ido a rufe, rauni da doguwar kwanciya suna dakushe su, kuma taka ƙasa ne ke farfaɗo da su.

Ku fara da tsayuwa a dafe da tebur, yana karkata nauyi daga wannan ƙafa zuwa waccan. Sai tashi da zama a kan kujera mai tsayi wadda aka jingina da bango don kada ta zame. Wajen zama ne aka fi samun amfani, kada ya faɗa a kan kujerar, ya sauka yana ƙirga uku. Sai jingina baya da bango, ƙafafu a ɗan gaba, ya zame ƙasa kaɗan ya dawo. Sai ɗaga diddige a tsaya a kan yatsu, don tsokar sha-raɓa. Sai hawa bulo guda a sauka. Na ƙarshe, tsayuwa da ƙafa ɗaya a kusa da bango, daga daƙiƙa 5 har 30. Kada a wuce mataki sai na baya ya zama wasa. Mai taimako ya tsaya ta ɓangaren ƙafa mai ciwo, ɗan baya kaɗan, ya riƙe ƙugu, kada ya ja hannu. A yi shi ba takalmi ko da takalmi mai kama ƙafa, silifas ɗin wanka a kan jiƙaƙƙen siminti ya mai da mutane da yawa gadon asibiti.

Sanda kuma a hannun da ke ɓangaren lafiyayyar ƙafa ake riƙe ta, yawancin mutane akasin haka suke yi. A matakala, lafiyayyar ƙafa ce ke fara hawa, mai ciwon ce ke fara sauka.

5. Kada ku yar da motsin sake don an fara na kafe. Jiki ya iya ha'inci. Ku lura da majinyaci yana tashi daga kujera, za ku ga ya karkace ya jibga nauyi a kan lafiyayyar ƙafa, ko ya turo ƙirji gaba ƙugu ya yi aikin da cinya ya kamata ta yi. Sai a ga yana tashi lafiya lau, alhali cinyar mai rauni ba ta taɓuka komai ba. A motsin sake babu inda tsoka za ta ɓuya, ita kaɗai ce a fili. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ku ari tef na awo a wurin tela, ku auna kaurin cinyoyin biyu a daidai yatsu huɗu sama da ƙoƙon gwiwa, ku rubuta, ku sake aunawa duk mako biyu. In tazarar ba ta raguwa, ku nuna wa fisiyo takardar.

6. Iyayenmu mata masu ciwon gwiwa ba tare da karaya ba, wannan naku ne. Sanyin gwiwa ba ya son zama wuri ɗaya, ƙarfafa cinya na cikin abin da ya fi rage shi. Amma akwai inda kowane irin motsi ke matse ƙoƙon gwiwa. A motsin kafe, zurfin tsuguno ne ke matse shi: hawan matakala na ɗora masa kusan ninki 3 na nauyin jiki, tsuguno har ƙasa kuwa kusan ninki 7. A motsin sake da nauyi a ƙafa, matsin na ƙaruwa ne daf da miƙewa sarai. Don haka Hajiya ta yi tsugunonta sama-sama, rabin hanya ma ya isa. 'Yar kujerar tsakar gida da ake zama a kai a tuƙa tuwo ko a yi wanki, a canza mata da mai tsayi. Abin da aka fi jin nauyin faɗa shi ne bayan gida. A gidajen haya da yawa na tsuguno ne, wasu ma na unguwa ake zuwa. Ku sa kafinta ya yi mata kujera mai rami, ku kafa mariƙi a bango. Na san tsofaffin da suka rage cin abinci da shan ruwa don tsoron wannan tsugunon, ba su gaya wa kowa ba.

7. Ga kafaɗa, sau da yawa da motsin kafe ake farawa, domin dafa abu na kwantar da gaɓar. A shimfiɗa tsumma a kan tebur a dafa shi a riƙa zamewa gaba da baya, sannan a dafa bango a tura a hankali. Ɗaga kwalbar ruwa a iska daga baya ne. Taɓaryar sakwara da ɗora kaya a ka su ne na ƙarshe.

8. Samarinmu 'yan ƙwallo, masu mafarkin saka rigar Kotoko ko King Faisal a filin Baba Yara, ku saurara da kyau. Akwai jijiya a tsakiyar gwiwa da likitoci ke kira ACL, ita ke hana ƙashin ƙwauri zamewa gaba. Takan tsinke in an juya da gudu ƙafa na kafe a ƙasa, a ji ƙas, gwiwa ta kumbura cikin 'yan sa'o'i. Wannan ba targaɗen da ake ja a shafa man zafi ba ne. Bayan tiyata, zama a harba ƙafa sama da nauyi har ta miƙe yana jan sabuwar jijiyar, shi ya sa a makonnin farko ake fifita motsin kafe, shi kuwa na sake fisiyo ne ke ƙayyade iyakar inda za a tsaya. Galibi ana so a cika wata 9 kafin a koma gasa, kuma sai ƙarfin cinyoyin biyu ya kusa daidaita. Iyaye da yayye, ku ne za ku riƙe yaro in abokai suka zo kiran sa fili a wata na huɗu, don lokacin ciwo ya tafi amma jijiyar ba ta nuna ba.

9. Ku san ciwon da ake haƙuri da shi da wanda ake gudu asibiti. Tsamin tsoka bayan atisaye ba komai, in ya lafa kafin washegari. In gari ya waye gwiwa ta fi jiya kumburi, an zarce, a rage. Ciwo mai sara a daidai karayar, a tsaya. In kuwa sha-raɓa ta kumbura ta yi zafi tana zogi, kada a matsa ta, kada a gasa, jini ne mai yiwuwa ya daskare a jijiya, a tafi asibiti a ranar. In numfashi ya sarƙe ko ƙirji ya riƙe, ku kira 112. Mai hawan jini kada ya riƙe numfashi yayin yunƙuri, ya riƙa ƙirgawa da baki. Wanda ɓarin jikinsa ya shanye kuwa, kada a ɗaga shi ta hannun da ya mutu, kafaɗar na iya gocewa.

10. Komawa salla a tsaye ma hawa-hawa ake yi. Addini ya yi wa marar lafiya rangwame, ba abin kunya a kujera, kada maganar mutane ta sa a yi gaggawa. Raka'a guda ta ƙunshi kusan duk motsin kafe da muka lissafa, mafi wuya a ciki shi ne tashi daga sujada da zaman tahiya, inda gwiwa ke naɗewa gaba ɗaya. A fara da tsayuwa da ruku'u, a zauna a kujera don sujada. A gida, ba a cikin salla ba, a gwada durƙuso a kan matashi ana dafe da gado, a tashi da lafiyayyar ƙafa a gaba. In wannan ya samu sau biyar ba ciwo, a gwada a nafila, inda ba liman da ake bi. Da muka samu mai nuna mana hanya, haka Kawu ya bi. Wata biyar ya ɗauka. Ran da ya fara sujada da goshinsa a ƙasa, sallar Magariba ce, ya tsaya a gefen bango don ya samu abin dafawa, ni kuma ina damansa.