Darasi: Talabijin da Mutanen Kan Iyaka

Talabijin akwati ne mai kawo hoto da magana daga nesa. Wani Baturen Birtaniya mai suna John Logie Baird ne ya fara gwada shi a gaban jama'a a birnin Landan, a 1926.

A Nijeriya an buɗe gidan talabijin na farko a Ibadan a 1959. Na Kaduna ya biyo baya a 1962. A 1977 gwamnatin tarayya ta haɗa gidajen ƙarƙashin hukumar NTA. A Nijar kuwa, da koyar da 'yan makaranta aka fara, a 1964. Daga baya aka buɗe gidan Tele Sahel don kowa da kowa.

Hoton talabijin ta iska yake tafiya. Ba ya tsayawa a shingen kwastan na Magamar Jibiya, ba a tambayarsa takarda. Saboda haka mutanen Jibiya da na Ɗan Isa da Maraɗi suna iya kallon shirye-shiryen ƙasashen biyu.

Amfaninsa yana da yawa. Manomi yakan ga yadda ake zuba taki. Uwa takan ga amfanin rigakafi. Wasan Samanja ya sa jama'a dariya, ya kuma koya musu zaman duniya.

Amma akwai abin lura. Hausawa sun ce gani ya kori ji, sai dai abin da aka gani a akwati wani ne ya zaɓo shi. Mai ɗaukar hoto yakan nuna wuri ɗaya, ya bar goma.

Ga misali. A watan Yuli na 2023 sojoji suka karɓi mulki a Nijar, suka sanar a Tele Sahel. Shugabannin ECOWAS suka taru a Abuja, aka rufe iyaka. Kowane gida ya ba da labarin ta fuskar ƙasarsa. Mutanen Jibiya kuwa abin da suka gani da idonsu shi ne ciniki ya tsaya, ziyarar dangi ta yi wuya. Sai a watan Maris na 2024 Nijeriya ta buɗe ɓangarenta.

Don haka mai kallo ya riƙa tambayar kansa: wa ya shirya wannan? Me aka bari ba a nuna ba? Ya kwatanta da rediyo da jarida kafin ya kai labari kasuwa.

Tambayoyi
1. A wace shekara aka buɗe gidan talabijin na Kaduna?
2. Me ya sa shinge ba ya tare hoton talabijin?
3. Me ya kamata mai kallo ya tambayi kansa?