Gida ya canza hannu, wa za ya biya bashin lanho?

Yau karatunmu bisa bashin lanho ne.

Lanho iri-iri ne. Akwai wanda mai gari ka amsa kowace shekara, ya kai ma'aikatar komin. Wannan na kan mutum ne. In mai gida ya saida gidansa ya koma Yamai, bashin nan shi ya ka bi, ba ruwan mai saye.

Akwai kuma lanhon da ka hawa kan dukiya, kamar gidan haya ko kanti cikin gari. Nan ne rikici yake. A ce wani ya sayi gida a Dogon Dutsi jikka 900. Mai gidan na da ya shekara 3 bai biya lanhon haya ba. In gidan na da titir, gwamnati na da ikon rubuta bashinta a kan titir ɗin, kamar jingina. Jinginar da anka rubuta ba ta ɓacewa don an saida gida. Tana bin gidan hannun duk wanda ya saye. Mai saye ya biya don ya tsare gidansa, sannan ya shiga neman wanda ya saida mashi. Wata ƙila mutumen ya riga ya cinye kuɗin. Kun san nisan wannan tahiya.

Ma'aikatan lanho na iya kuma rubuta ma ɗan haya takarda, su ce ya kawo masu kuɗin haya maimakon ya ba mai gida, har bashi ya ƙare.

To, mi za ku yi? Kahin ku miƙa ko dala, ku ce mai saidawa ya gwada maku rasit na shekarun baya. Ku tahi tare biron lanho a duba. In akwai bashi, a cire shi cikin kuɗin gida, a biya gaban idonku. Wanda ya ce "ai mu ƴan uwa ne, mi za a yi da takarda?", shi ne ya kamata ku hi bincika.

Ga gona, abin nema shi ne takardar shaidar saye. Dokar karkara ta 1993 ce ta kawo kwamitin ƙasa, wanda muke ce ma kofo. Mai gari da shaidu su sa hannu, a kai takarda ga kofo. Tun 2011 Tibiri ta zama departama mai zaman kanta. Mutanen Gesheme, Dumega da Kore Mai Ruwa can za su nuhwa. Na Matankari, Kiyeshe da Dan Kasari, sai Dogon Dutsi.

Gado ma canjin hannu ne. Malamai sun hwaɗa muna: sai an biya bashin mamaci kahin a raba. Magada su tambayi biron lanho tun ba a kasa dukiya ba, don in an riga an raba, kowane sai ya ce ba shi ba ne.