Yadda Ake Rufe Gem Da Hannun Da Ba Shi Da Maɓallin Fita Ba Tare Da Ajiyarka Ta Salwanta Ba

Darasinmu na yau ya shafi wata matsala da mutum ba ya sanin da ita sai ya gama wasa yana son ya tashi. Ka sayi ƙaramin hannun gem, wanda wasu ke kira fad, ka haɗa shi da wayarka ta Bluetooth, ka jingine wayar ko ka jona ta da talabijin. Da ka zo fita sai ka duba hannun: ga maɓallan sama da ƙasa da hagu da dama, ga A da B, ga Start da Select, amma babu ko ɗaya da zai fitar da kai.

Abin da yawancinmu ke yi shi ne mu ɗauki wayar, mu buɗe jerin manhajojin da ke aiki, mu share gem ɗin da yatsa. Ni ma haka nake yi a da, har ranar da na yi kusan awa uku ina wani tsohon gem, na yi ajiya a cikinsa, na share manhajar na kwanta. Washegari na tarar da kaina a inda na faro. Laifin nawa ne, don ban fahimci abin da ke faruwa a lokacin da ake rufe gem ba. Shi ne abin da zan bayyana a nan, sannan mu ga yadda ake saita hanyar fita.

Me ya sa babu maɓallin fita?

Ƙananan hannayen da ake sayarwa da arha, yawanci kwaikwayon hannayen tsofaffin na'urori ne. Hannun NES, wadda ta fito a Japan a 1983 da sunan Famicom, maɓallan shugabanci ne kawai da A, B, Select da Start. Hannun SNES ya ƙara X, Y, L da R. Waɗannan na'urori ba su da wani allon gida da za a koma masa. Kaset ɗaya ake sakawa, idan an gama a kashe na'urar ko a danna Reset da ke jikinta. Saboda haka babu dalilin sa maɓallin fita a hannu.

Sai da na'urori suka samu allon gida na kansu irin wannan maɓalli ya zama ruwan dare. Xbox 360 ta zo da maɓallin Guide a 2005, PlayStation 3 ta zo da maɓallin PS a 2006, Wii kuma ta zo da HOME a wannan shekarar. Idan hannunka na da irin wannan maɓalli a tsakiya, aikinka ya yi sauƙi. Idan babu, kai ne za ka ƙirƙiri ƙofar fita da kanka, kuma kafin ka fara wasa ya kamata ka yi hakan.

Abin da ke faruwa idan ka share gem da yatsa

Waya tana da ma'adana iri biyu. Akwai RAM, inda manhaja ke ajiye abin da take aiki da shi a yanzu, wanda ke gogewa da zarar an kashe manhajar. Akwai kuma ma'adanar dindindin, inda hotunanka da fayilolinka suke.

Tsofaffin kaset da yawa suna ajiye ci gaban wasa ne a wata 'yar ma'adana da ƙaramin batir ke riƙe da ita a cikin kaset ɗin. Manhajojin da ke kwaikwayon tsofaffin na'urori, waɗanda aka fi sani da emuleta, suna kwaikwayon wannan 'yar ma'adana a cikin RAM. Wato idan ka yi ajiya a cikin gem ɗin, ya ce maka ya adana, abin na iya kasancewa yana RAM tukuna. Sai an rufe gem ɗin ta hanyar da ta dace, ko kuma lokacin ajiyar kai tsaye ya zagayo, sannan a rubuta shi a fayil. Idan ka kashe manhajar kafin nan, ajiyar ta tafi.

Haɗari na biyu shi ne ka kashe manhaja a daidai lokacin da take rubuta fayil. Rabin rubutu na iya lalata fayil ɗin gaba ɗaya, har da tsohuwar ajiyar da ke cikinsa. Shi ya sa gem da yawa ke gargaɗin kada a kashe na'ura idan alamar ajiya tana juyawa a gefen allo.

Mataki na farko: ƙirga maɓallanka

Kafin ka taɓa kowane saiti, kwatanta hannunka da hannun na'urar da gem ɗin ya fito a kanta. Maɓallin da ya yi saura shi ne mafi dacewa da zama ƙofarka. A ce hannunka irin na SNES ne:

- Gem ɗin NES ko Game Boy yana buƙatar A, B, Start da Select kawai. L da R ba su da aiki, ka ba su aikin fita.
- Gem ɗin Game Boy Advance yana amfani da L da R, amma X da Y sun yi saura.
- Gem ɗin SNES ya cinye dukkan maɓallan, babu saura.
- Gem ɗin PSP ma haka ne: maɓallan fuska huɗu, L, R, Start da Select duk suna da aiki.

Idan kuwa hannunka irin na PlayStation ne mai L2, R2 da sanduna biyu da ake iya dannawa ƙasa, wato L3 da R3, to a gem ɗin PSP kana da maɓallai huɗu da ba sa komai. Inda babu saura, sai a koma ga haɗa maɓallai biyu ko riƙe ɗaya na ɗan lokaci.

Yadda ake yi a PPSSPP

PPSSPP, wadda Henrik Rydgård ya fara fitarwa a 2012, ita ce da yawanmu ke buga ƙwallon PES da sauran gem ɗin PSP da ita. A Android maɓallin komawa baya na waya ne ke buɗe menu ɗinta na tsayarwa. Don ka samu wannan a hannunka:

1. Shiga Settings, sannan Controls, sannan Control mapping.
2. Gangara ka nemo layin da aka rubuta Pause. Wannan daban yake da Start. Start na gem ne, Pause na manhajar ne.
3. Danna layin, sannan ka danna maɓallin da ka ware, misali R3 ko L2.
4. Idan ba ka da maɓallin da ya yi saura, kunna zaɓin Allow combo mappings da ke sababbin fitowar manhajar, sai ka haɗa biyu, misali Select da R.
5. Buɗe gem ka gwada. Idan menu ya fito, zaɓi Exit to menu. Wannan ita ce fitar da ta dace.

Akwai kuma zaɓin Show pause menu button da ke barin ƙaramar alama a saman allo. Ka bar ta a kunne, za ta yi maka rana idan cajin hannun ya ƙare kana tsakiyar wasa.

Yadda ake yi a RetroArch

RetroArch tana buɗe gem ɗin na'urori da yawa, kuma tana da hanyoyi biyu. Dukkansu suna cikin Settings, sannan Input, sannan Hotkeys. Rubutun sunayen kan ɗan sauya daga fitowa zuwa fitowa, amma wurin ɗaya ne.

Hanya ta farko, kuma mafi sauƙi, ita ce Menu Toggle Controller Combo. A nan za ka zaɓi haɗin da zai buɗe menu daga jerin da aka tanada. Akwai L3 da R3, akwai L1 da R1, akwai Start da Select, akwai ƙasa da Select, akwai kuma Hold Start, wato riƙe Start na daƙiƙa 2. Idan menu ya buɗe, zaɓi Close Content. A lokacin ne manhajar ke rubuta ajiyarka a fayil mai ƙarewa da .srm.

Hanya ta biyu ita ce Hotkey Enable. Za ka zaɓi maɓalli ɗaya, yawanci Select, ya zama kamar mabuɗi: muddin kana riƙe da shi, sauran maɓallan suna yin aiki na biyu. Sai ka ba X aikin Menu Toggle, ka ba R aikin Save State, ka ba L aikin Load State. Wannan tsarin ne RetroPie ke zuwa da shi, inda Select da Start ke fitar da mutum daga gem. Ƙananan na'urorin gem da yawa da ake cusawa a bayan talabijin ma wannan haɗin suke amfani da shi, don haka idan ka samu irinsu shi za ka fara gwadawa.

Abubuwa uku da bai kamata ka tsallake ba:

- Kunna Confirm Quit, don sai ka danna sau biyu kafin manhajar ta rufe.
- Shiga Settings, sannan Saving, ka tabbatar SaveRAM Autosave Interval yana kunne. Daƙiƙa 10 ta wadatar. Da wannan, ko waya ta mutu ba za ka rasa ajiyar da ka yi ba sai in a daƙiƙun ƙarshe ka yi ta.
- Koma Main Menu, shiga Configuration File, danna Save Current Configuration. Idan ba ka yi haka ba kuma ka share manhajar da yatsa, saitin da ka yi na iya gogewa, ka dawo ka tarar babu ƙofar da ka gina.

Haɗin ya buɗe menu, kada ya kashe gem

Wannan ita ce shawarar da na fi so ka riƙe. Manhajoji suna ba ka damar sa haɗin maɓallai ya rufe komai nan take. Yana da sauri, amma kuskure ɗaya ya isa ya jawo maka asara, saboda wasu gem ɗin suna da nasu haɗin da ke karo da naka.

Misali, a gem ɗin Game Boy da yawa danna A, B, Start da Select tare yana mayar da gem farko. A The Legend of Zelda: Link's Awakening na 1993 kuwa, wannan haɗin ne ke buɗe allon ajiya. Idan ka sa Start da Select su zama fita, duk lokacin da ka zo yin ajiya manhajar za ta fitar da kai kafin ka adana. A gem ɗin faɗa da na tsere kuma yatsunka na yawan danna L da R tare, don haka wannan haɗin bai dace da su ba.

Idan haɗin menu kawai yake buɗewa, kuskure ba ya cin komai. Gem ya tsaya, ka danna Resume ka ci gaba.

Gem ɗin Android na asali da na kwamfuta

Gem ɗin da ka sauke daga Play Store ba su cika ba da damar saita fita ba. Fara gwada Start, don yawanci shi ke buɗe menu. Sannan gwada B, domin Android na ɗaukarsa a matsayin komawa baya idan gem bai ba shi wani aiki ba. Idan duka sun ƙi, ja yatsa daga gefen allo don maɓallan waya su bayyana. Ka kai wurin da gem ke ajiya tukuna, ka jira alamar ajiya ta ɓace, ka koma allon farko na gem ɗin, sannan ka rufe.

A kwamfuta mai Windows, Alt da F4 ne ke rufe tagar da ke gaba. Manhajar AntiMicroX, wadda kyauta ce, tana iya sa maɓallin hannu ya aika wannan umarni, kuma a saitinta na Advanced akwai Hold da ke sa umarnin ya tafi sai an riƙe maɓallin na lokacin da ka ƙayyade. Alt da F4 roƙo ne ake aika wa gem cewa ya rufe kansa, shi ya sa ya fi kashe shi ta Task Manager aminci. Duk da haka ka yi ajiya kafin ka danna.

Idan gem ya daskare fa?

Ka ba shi kamar rabin minti, wataƙila rubutu yake yi. Gwada haɗin menu ɗinka, domin sau da yawa gem ne ya tsaya amma emuleta tana nan da rai, kuma Close Content zai ceci ajiyarka. Sai idan wannan ya ƙi za ka shiga saitin waya, ɓangaren manhajoji, ka danna Force stop. Wannan ita ce hanya ta ƙarshe, kada ta zama ta kullum.

Gwajin minti biyu

Duk lokacin da ka sayi sabon hannu ko ka sa sabuwar manhaja, yi wannan kafin ka zauna wasa na gaske. Buɗe gem, yi ajiya, fita da haɗin da ka saita, rufe manhajar, sake buɗewa ka duba ko ajiyar tana nan. Idan tana nan, ƙofarka ta yi kyau. Idan babu, gara ka gano yanzu da ka gano bayan awa uku kamar yadda ta faru da ni.

Kuma lokaci zuwa lokaci ka kwafe fayilolin ajiyarka zuwa wani wuri. Na PPSSPP suna cikin folda mai suna SAVEDATA a ƙarƙashin PSP, na RetroArch kuma suna cikin saves. Ba su da nauyi, amma su ne duk awannin da ka zuba a gem ɗin.