Taimin bel ba ya sallama kafin ya tsinke

Masu ƙananan motoci da yawa da ke zuwa garejinmu, in na tambaye su ko injinsu bel gare shi ko sarƙa, fambel suke nuna min, wanda ake gani da zarar an ɗaga bonet. Wannan daban ne. Fambel ke juya altaneto da na'urar sanyaya mota, a wasu motocin har da famfon ruwa. In ya gaji zai yi ta ƙugi da safe, in ya tsinke fitilar batir ta kama, sai ka faka a sa wani.

Wanda ke damuna, wato taimin bel, yana ɓoye a gefen inji, cikin murfi. Shi ke haɗa karanshaf da kamshaf: karanshaf ya juya sau 2, kamshaf ya juya sau 1, domin bawul ya rufe kafin fistin ya iso sama. A injina da yawa, bawul da fistin wuri ɗaya suke ratsawa, lokaci ne kaɗai ke raba su. Bel na tsinkewa kamshaf zai tsaya cak, wasu bawuloli su tsaya a buɗe, fistin ya taho a guje ya daka su.

Na sha buɗe saman injin da haka ta same shi. Bawul ɗin da ya kamata ya miƙe sak, sai ka gan shi a lanƙwashe kamar ƙusar da aka buga a kan dutse, ga tabo a saman fistin inda suka yi karo. Sau da yawa bel ɗin bai ma tsinke ba, haƙoransa ne suka zube cikin murfin. Mai motar zai ce: "Wallahi, Malam, ban ji wata ƙara ba, ina cikin tafiya ta mutu." Gaskiya ya faɗa, haka bel yake yi.

Yawancin Honda Civic ta 2001 zuwa 2005, da Peugeot 206 da 406 mai silinda 4, bel ne da su. A littafin Civic ɗin, Honda ta ce a canza shi a mil 110,000 ko shekara 7, amma inda zafi ke wuce digiri 43 a dawo mil 60,000, kusan kilomita 100,000 ke nan. Wanda ya taɓa yin watan Afrilu a Sakkwato ko Maiduguri ya san wane lissafi ne namu. Kuma motar da ta shigo ta Kwatano, ba ka san wanda ya taɓa mitarta ba. Shawarata, da ka saye ta a canza bel, a haɗa da tenshina da famfon ruwa in bel ɗin ne ke juya shi, tunda kwancewa ɗaya ce. A duba ko baƙin mai na yoyo a wurin, domin mai na cin roba. Sai a rubuta kwanan wata da kilomita a ajiye.

Su kuma masu Corolla ta 2003 zuwa 2008, da Pontiac Vibe, da yawancin Civic daga 2006, sarƙa ce a injinsu, sai ka ji suna cewa ai ita ba ta lalacewa. Takan daɗe ƙwarai, amma rayuwarta a hannun baƙin mai take. A cikinsa take wanka, kuma tenshinar da ke ɗaure ta da ƙarfin mai take aiki. Man da ya wuce lokacin sabis, ko na galan da ba a san asalinsa ba, yana cinye gaɓoɓinta har ta saki. Littafin Corolla ɗin nan 5W-30 ya ce, mu kuma mun saba ɗura mai kauri. Sarƙa dai tana gargaɗi: ƙarar kacau-kacau ta 'yan daƙiƙoƙi in an tayar da mota da sassafe. Kar ka ƙara sautin rediyo, kawo ta a duba.

In mota ta mutu maka kwatsam a hanya, ka murza makulli ka ji inji na juyawa sakayau ba nauyi, don Allah kar ka yi ta murzawa, kar kuma ka sa yara su tura ta. Kira makanikinka a ja ta zuwa gareji.