Amsoshin Tambayoyinku: Su Wa Suka Fara Zama A Kano?

Tambaya: A makaranta an koya mana cewa Bagauda ne sarkin Kano na farko, a shekarar 999. Amma kakana, wanda maƙeri ne, ya ce tun kafin Bagauda akwai mutane a gindin Dala, kuma maƙera ne. Zancen wa zan ɗauka? Me kuma ya sa suka zaɓi wannan wuri? Daga wani ɗalibi a Damagaram, Jamhuriyar Nijar.

Amsa: Ɗalibi, ka riƙe zancen malaminka, ka kuma riƙe na kakanka, domin kowanne da inda ya dosa. Malam yana maganar mafarin sarauta ne, tsoho kuwa mafarin zama yake ba ka labari. Tsakanin biyun akwai ɗaruruwan shekaru.

Bari mu fara da abin da ƙasa ta adana. Masana kimiyyar tono kayan tarihi sun gano wurin narka tama a Dutsen Dala, da aka auna shekarunsa sai aka ga ya kai wajen ƙarni na 7 na Miladiyya. Ke nan sama da shekara 300 kafin a ambaci Bagauda, ana hura wuta ana fitar da ƙarfe a wurin. Wannan ya zo daidai da labarin da maƙeran Kano suka gada. Abagayawa suna cewa kakansu wani maƙeri ne mai suna Kano, wanda ya taso daga Gaya, gabas da birnin, yana neman tama, ya same ta a Dala, ya yada zango. Sunansa ne, in ji su, garin ya ɗauka.

Sai kuma rubutaccen tarihi. Littafin Tarihin Kano, wanda aka rubuta da Larabci, ya jero sarakuna tun daga Bagauda har zuwa Muhammadu Bello a ƙarshen ƙarni na 19. Wani Bature mai suna Palmer ya fassara shi zuwa Turanci a 1908. Abin lura shi ne, littafin kansa bai buɗe da Bagauda ba. Ya fara ne da Barbushe, ƙaton maharbin giwa, daga tsatson wani mutum mai suna Dala da ya gina gidansa a kan dutsen. Barbushe shi ne mai kula da Tsumburbura, abin bautar mutanen wancan zamani, wadda aka kewaye bishiyarta da katanga, ba mai shiga sai shi. Sau biyu a shekara jama'a kan taru a gindin dutse da baƙin kare da baƙar kaza da baƙin bunsuru, Barbushe ya sauko ya shiga, ya fito ya faɗa musu abin da shekara za ta zo da shi.

Mutanen Barbushe ba tarkacen baƙi ba ne marasa tsari. Kowane gida da sana'arsa da babbansa. Gijigiji maƙeri ne, Hanburki mai magani, Maguji shi ke haƙo tama ya narka, Awar kuma aikin gishiri yake yi. Akwai mai gadin dare, akwai shugaban samari, akwai na makaɗa. Wasu manyan suna zaune a Goron Dutse, wasu a Magwan, wasu a Fanisau. Duk inda ka ga an raba sana'o'i haka, to zama ya daɗe, abinci kuma ya wadata har wasu sun samu sararin barin gona su kama wani aikin.

Yanzu ga kashi na biyu na tambayarka. Banza ba ta kai zomo kasuwa, mutanen nan ma abubuwa huɗu suka tsayar da su.

Na farko ƙarfe. Dala da Goron Dutse duk suna da jan dutsen da ake samun tama a cikinsa, dazukan kewaye kuma suna ba da gawayi. Wanda ya mallaki ƙarfe ya mallaki fartanya da gatari da kibiya da mashi, wato ya samu abin noma da abin kare kai lokaci guda. Maƙwabta kuwa dole su zo saye, kuma daga nan ciniki yake farawa.

Na biyu ruwa. Jakara tana kwance kusa da dutsen, a da can kurmi ne mai duhuwa wanda mutanen Barbushe suke girmamawa. Ko a 1824, da Baturen nan Clapperton ya shigo Kano, ya tarar da fadamar Jakara ta kusa raba birnin gida biyu. A kudu kuma ga kogin Challawa da kogin Kano.

Na uku ƙasar noma. Filin da ya kewaye Kano shimfiɗaɗɗe ne, yana karɓar gero da dawa da wake da auduga, kuma idan ana zuba masa taki yakan jure noma shekara da shekaru. Shi ya sa karkarar Kano ta daɗe tana cikin wuraren da suka fi cikar jama'a a ƙasar Hausa.

Na huɗu tsaro. A fili irin wannan, wanda ya hau kan Dala zai hango ƙurar mahara tun suna nesa.

To ina Bagauda ya shigo? Tarihi ya nuna shi ɗan Bawo ne, jikan Bayajida. Da ya zo da jama'arsa, a Sheme ya zauna, ba a gindin Dala ba. Ita shekarar 999 ma ƙiyasi ce: littafin tsawon mulkin kowane sarki ya bayar, Palmer ne ya lissafa ya koma baya. Sannu a hankali baƙi da 'yan ƙasa suka cuɗanya. Jikansa Gijimasu (1095 zuwa 1134) ya fara ginin ganuwa, Tsaraki ya kammala ta, kuma sai a zamanin Tsamiya, a farkon ƙarni na 14, sarakuna suka ci galabar masu bautar Tsumburbura. A zamanin Yaji (1349 zuwa 1385) Wangarawa suka iso daga Mali da Musulunci. Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) ya faɗaɗa ganuwa, ya kafa Kasuwar Kurmi a gefen Jakara, ya gina fadar da sarakunan Kano suke ciki har yau. Daga ƙarshe ganuwar ta kewaye Dala da Goron Dutse da ruwa da gonaki masu yawa, don ko an yi wa birni zobe ba za a rasa ci da sha ba.

Saboda haka, idan jarrabawa ta tambaye ka sarkin Kano na farko, rubuta Bagauda. Idan aka tambaye ka waɗanda suka fara zama, ka ce maharba da manoma da maƙeran gindin Dala.

Muna roƙon Kanawa su dubi halin da Dala da ganuwa suke ciki. Gine-gine sun matse dutsen, zaizaya tana cinsa, ana ɗibar ƙasar ganuwa ana gini a kanta, alhali abin da ya rushe ba ya dawowa. Kai kuma ɗalibi, ka zauna da kakanka tun yana da ƙarfi, ka rubuta abin da ya sani game da maƙera da garuruwan da suka ratso. Allah Ya ƙara masa lafiya, kai kuma Ya ba ka ilimi mai amfani.