DARASIN KASUWA: Baƙon sunan mai katako a takardar banki

Darasinmu na wannan fitowa a kan katako yake, amma ba farashinsa ba. Magana ce ta mutumin da ya karɓo takardar lissafin ajiyarsa daga banki, ko alat ya shigo masa a waya, ya ga an cire masa kuɗi da sunan wani kamfanin katako wanda bai taɓa jin labarinsa ba. Wannan kuwa an fi ganinsa da rani, domin da an gama kaka an sayar da gero da wake da gyaɗa, sai hankali ya koma ga rufin ɗaki da na shago kafin ruwa ya sauka.

Dalilin baƙon suna

Ƙasarmu ta Bichi da Ɗambatta da Makoɗa da Kunchi da Tsanyawa, gona ce a jikin gona. Itatuwan da ke ciki, su ɗorawa da tsamiya da kuka da gawo, kowanne da mai shi, kuma ba na yanka falanki ba ne. Da can da azarar giginya ake rufi. Da kwano ya zo sai katako ya biyo shi, shi kuwa yawancinsa daga dazukan Kudu ake lodinsa, wajejen Sapele da Binin da Ondo, a sauke a 'Yan Katako ta Rijiyar Lemo ko ta Na'ibawa. Kafin tu-bai-fo guda ya hau kan gininka ya bi ta hannun mai injin yanka, da mai mota, da mai rumfa, da dillali, da kafinta. Kai mutum ɗaya ka sani a cikinsu. Banki kuwa bai san Alhaji wane ba, sunan da aka buɗe asusu da shi kaɗai ya sani.

Tun ƙarancin takardun kuɗi na farkon shekarar 2023, ciniki mai yawa ya koma taransfa da na'urar POS. To, ga inda baƙon suna yake fitowa. Wani mai rumfa sunan da ya yi wa kasuwancinsa rajista na Turanci ne, ba shi ake kiransa da shi a kasuwa ba. Wani ba shi da na'ura, ta maƙwabcinsa aka aro. Wani kuma ana binsa bashi a Kudu, sai ya ce ka tura kai tsaye ga mai injin. Wani lokaci ma yaronka ka aika da kati, ka manta. Saboda haka baƙon suna kaɗai bai isa a ce sata ba.

Fara da littafinka

Kada ka fara da faɗa, fara da lissafi. A takardar banki, inda ka ga DR fita ce, inda ka ga CR shiga ce. Wanda bai iya boko ba ya sa amintacce ya karanta masa, lambobi dai kowa ya san su. Abu uku za ka gwama da littafinka da rasit: rana, da adadin kuɗi, da lambar cinikin. Rasit ɗin POS yana ɗauke da wata lamba da ake rubutawa RRN, taransfa kuwa tana da doguwar lamba mai alƙaluma 30. Da waɗannan banki yake bin sawun kuɗi, ba da rantsuwa ba.

Ka lura, ranar takarda takan saɓa da ranar ciniki da kwana ɗaya ko biyu, musamman cinikin Asabar da Lahadi. Haka nan ƙananan kuɗin da ake cirewa, kamar ladan taransfa, da kuɗin saƙon waya, da harajin naira 50 da ke hawa kan turawar naira 10,000 zuwa sama, ba mai katako ne ya ci su ba.

Misali

A ɗauka ka sayi tu-bai-fo da tu-bai-tu na naira 240,000. An sa katinka, na'ura ta ce bai yi ba. Aka kawo ta maƙwabci, ta yi, ka ɗora kayanka ka tafi. Bayan mako takarda ta nuna fita biyu a rana ɗaya, kowace 240,000, da sunaye biyu, babu wanda ka sani. To, ɗaya hakkin mai katako ce, ita ce wadda lambarta ta yi daidai da rasit ɗin da ya yi. Ɗayar kuma taka ce. Duba ƙasa tukuna, ko an mayar da ita a layin shiga. In ba a mayar ba, sau da yawa kuɗin bai isa ga mai na'urar ba, yana maƙale tsakanin bankuna. Nan ne rasit ɗin da bai yi ba yake zama shaidarka. Da yawanmu a nan take muke yar da shi, alhali ya fi wanda ya yi amfani.

Ka koma wurin mai rumfa da sallama, ku duba nasa lissafin. In kuɗin ya shiga sau biyu, mutumin kirki zai mayar. In bai shiga ba, kada ka riƙe masa riga, bankinka za ka nufa.

In babu ciniki ko kaɗan

Idan ka bincika littafi, ka tambayi yara da dillali da kafinta, ba wanda ya san wannan fita, to kada ka kwana. A ranar ka sa a rufe katin, ta lambar wayar da ke bayansa ko a reshe, ka canja lambar sirri. Wanda duk ya bugo ya ce daga banki yake, zai maido maka kuɗinka in ka faɗi lambar sirri ko lambar da aka turo maka yanzu a waya, ɓarawo ne. Banki ba ya tambayar waɗannan.

Yadda ake kai kuka

Na farko, ka je bankin da ke riƙe da asusunka, ba bankin mai katako ba. Ka rubuta kukanka a takarda: sunanka, lambar asusu, rana, adadi, lambar ciniki, da abin da kake nema. Ka haɗa da kwafin rasit, na asali ya zauna a hannunka.

Na biyu, kada ka fito sai an ba ka lambar shaidar karɓar ƙorafi. "Je ka dawo" ba shaida ba ce.

Na uku, ka san wa'adi. A watan Yuni na 2020 Babban Bankin Nijeriya ya umarci bankuna su warware rikicin cinikin POS cikin awa 72. Ka rubuta ranar da ka kai kuka, ka riƙa ƙirga.

Na huɗu, in mako biyu suka wuce ba a warware ba, ko amsar ba ta gamsar da kai ba, kana da ikon ɗaukaka maganar zuwa Sashen Kare Hakkin Masu Hulɗa da Bankuna na Babban Banki, wanda yake da reshe a Kano. Za su tambaye ka shaidar cewa ka fara da bankinka, watau waccan lamba. Ba a biyan ko kwabo don kai kuka.

Gare ku dillalai

Wannan nauyi ya fi hawa kanku, domin ku ne tsakani. Duk sa'ad da za a tura kuɗi, ku sa mai saye ya karanta sunan da ya fito a waya da ƙarfi, mai kaya ya ce i, shi ne, sannan a danna. Ku rubuta a littafi, ko da ajami ne: wane ya biya wane, ta asusun wane, kaza, ranar kaza. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 cikin Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaida ta sauka. Rigakafi ya fi magani.

Kuma abin yakan juya. Wata rana kai ne za ka ga kuɗin da ba ka san mai su ba sun shigo maka daga wani mai katako. Kada ka taɓa su, kada kuma ka tura wa wanda ya bugo waya ya ce nasa ne. Ka sanar da banki, su mayar ta hanyar da suka zo.

Allah ya ba mu ciniki mai albarka, ya tsare mu da cin hakkin wani. Wassalam.