Yadda Ake Ziyartar Ganvie, Garin da Aka Gina Bisa Ruwa

Mutumin da ya tashi a Orozo, inda ido ba ya sauka sai a kan duwatsu da jar ƙasa, kuma ruwan da ya saba da shi bai wuce na rafi da rijiya da burtsatse ba, da wuya zuciyarsa ta gaskata cewa a Jamhuriyar Benin, arewa da birnin Kwatano kaɗan, akwai wani gari mai suna Ganvie wanda mutanensa, da suka haura 20,000, ake haifarsu bisa ruwa, su yi wayo bisa ruwa, su ci kasuwa su yi ibada duk bisa ruwa, cikin ɗakunan da aka ɗora kan dirkoki a tsakiyar Tafkin Nokoue. To, da yake gani ya kori ji, kuma Alƙur'ani mai girma ya kwaɗaitar da bayin Allah su yi tafiya a bayan ƙasa domin i'itibari, na ga ya kyautu in shimfiɗa wa mai niyyar wannan ziyara hanyarta daki-daki, bisa sharaɗi guda wanda shi ne ruhin al'amarin duka, watau ya san cewa gidan mutane za shi, saboda haka ladabin baƙo ya hau kansa tun daga bakin gaɓa har ya komo.

Mataki na farko: sanin asalin garin

Kafin a ɗaure kaya, wajibi ne a san dalilin da ya sa jama'a suka bar tudu suka zaɓi ruwa, domin wanda ya jahilci wannan ba zai ga kome a can ba face katako da kwano. Mutanen Ganvie ƙabilar Tofinu ne, kuma kakanninsu sun shiga tafkin nan shekara 300 ke nan ko fiye, suna gudun mayaƙan Dahomey masu farautar mutane domin sayar wa Turawa, daular nan wadda sarkinta Agaja ya ci Allada a 1724, ya kuma ci Wida ta bakin teku a 1727. Abin da masu garin suka gada daga bakin magabatansu shi ne, al'adar waɗancan mayaƙa ta haramta musu bin abokan gaba cikin ruwa, sai tafkin ya zama ganuwa ga raunana. Bahaushe yana da rabo cikin wannan baƙin tarihi, gama daga tashoshin wannan gaɓa aka kwashe 'yan'uwansa da yawa zuwa Bahiya ta ƙasar Barazil, inda suka ƙulla tawaye a 1807. Tun 1996 sunan Ganvie yake cikin jerin wuraren da Benin ta gabatar wa hukumar UNESCO domin a lissafa su cikin kayan gadon duniya.

Mataki na biyu: lokaci da takardu da guzuri

Mafi dacewar lokaci shi ne rani, daga Disamba zuwa Maris, saboda kudancin Benin damina biyu gare shi, babba daga Afrilu zuwa Yuli, ƙarama kuwa wajen Satumba da Oktoba, kuma idan kogunan Oueme da So suka kawo ruwa, wata ciyawa mai kama da kainuwa takan rufe hanyoyin jirage har tafiya ta yi nauyi. Game da takardu, yarjejeniyar ƙungiyar ECOWAS ta 1979 ta ba ɗan Nijeriya damar shiga Benin ba tare da biza ba har kwana 90, amma lalle ne ya riƙe fasfo mai rai ko takardar tafiya ta ECOWAS, tare da katin rigakafin shawara, wanda ya kamata a nema da wuri, tun da allurar ba ta fara aiki a hukumance sai bayan kwana 10. Cikin guzuri kada a manta da malafa, da ruwan sha, da buta, da maganin sauro, da leda mai kauri ta adana waya da takardu.

Mataki na uku: hanya

Daga Orozo a bi ta Kurudu da Jikwoyi da Karu zuwa Nyanya, ko a zarce Utako, a shiga motar Ikko da sassafe, gama tafiyar ta haura kilomita 700 kuma takan cinye yini cur, ta Lakwaja da Okene da Ibadan. Hikima ita ce a kwana a Ikko, washegari a nemi motar Seme a tashar Mile 2, a ratsa Badagiri, a isa iyaka da rana tsaka, a sa ma'aikata su buga hatimi a fasfo, kada a yarda da wani mai cewa zai zagaya da mutum ta bayan fage, domin shigar da ba hatimi ita ke zama fitina ranar fita. A canza naira zuwa sefa, a nemi ƙananan takardu da sulalla. A Kwatano akwai unguwar Zango, inda baƙo zai sami masallaci da masauki da masu jin Hausa, kuma shawarar mazauna can game da mota da farashi ta fi kowace takarda amfani. Agogonsu da namu ɗaya ne. Washegari da asuba, bayan salla da karin kumallo, sai a kama hanyar Abomey-Calavi, wadda take arewa da birnin ba da nisa ba, a ce wa direba ko ɗan acaɓa mai rawayar riga a kai mutum tashar jiragen Ganvie.

Mataki na huɗu: zaɓen jirgi da jagora

A bakin tashar za a tarar da hayaniyar mata masu sauke kwandunan kifi, da samari masu tayin jirgi, amma mai hankali zai wuce kai tsaye zuwa ofishin da ake yankan tikiti, inda kuɗin ya danganta ga yawan mutane da irin jirgin, ya karɓi rasit, a haɗa shi da jagora sananne. Jirgi iri biyu ne: mai inji da rumfa, wanda yakan yanke tazarar kilomita 8 da ke tsakanin tashar da garin cikin kusan rabin sa'a, da kwalekwalen filafili, wani lokaci da ƙyallen iska, wanda yakan ci sa'a guda ko fiye. Mai tafe da tsofaffi ko yara ya ɗauki na farko, wanda kuwa yake da ƙarfin jiki da yalwar lokaci zai fi samun natsuwa da fa'ida a na biyu. Faransanci ne harshen aiki, saboda haka a nemi jagora mai jin Ingilishi tun kafin a biya, ko a taho da tafinta daga Zango, kuma a daidaita a kan tsawon ziyarar da wuraren tsayawa, domin sharaɗin da aka yi a tudu shi ke kashe jayayya a kan ruwa.

Mataki na biyar: zama cikin jirgi

A nemi rigar kariya daga nutsewa, a sa ta, a ɗaure wa yara tasu, ko da an ce tafkin ba zurfi, gama ƙarƙashinsa laka ce mai riƙe ƙafa. Mu da muka ji abin da ya auku a Warra ta Jihar Kebbi a 2021, da kuma yankin Patigi a 2023 inda fiye da mutum 100 suka halaka suna komowa daga biki, ba mu da uzurin yin sakaci, alhali mun san cewa lodi fiye da kima da tafiyar dare da rashin wannan riga su ne sabubban da ke maimaita kansu, kuma tawakkali na gaskiya ba ya hana riƙo da sababi. A shiga ɗaya bayan ɗaya, a karanta addu'ar Annabi Nuhu da ke cikin Suratu Hudu, a zauna inda matuƙi ya nuna, kada jama'a su karkata gefe guda domin kallon abu. A hanya a lura da rassan itatuwa da aka kakkafa cikin ruwa fili-fili, waɗanda masu wurin suke kira akaja: rassan suna ruɓewa su tara abincin kifi, karfasa ta taru ta hayayyafa a tsakaninsu, bayan watanni a kewaye wurin da taru a kwashe. Kowane akaja da mai shi, kamar yadda kowace gona a ƙauyukanmu take da mai ita, don haka ba a kutsa jirgi ciki.

Mataki na shida: ladabin shiga gari

A nan ne nauyin ziyarar yake. Hanyoyin garin ruwa ne, ƙofofin ɗakuna a buɗe suke suna fuskantarsu, kuma jirgin baƙo yana wucewa daf da inda mata suke girki da wanka da renon 'ya'ya, ta yadda hukuncin neman izini da runtse ido, wanda Suratun Nur ta karantar da mu, yake aiki a nan fiye da ko'ina. Kada a ɗaga waya a ɗauki hoton kowa sai jagora ya tambaya an yarda, kuma idan mace ta juya fuska ko ta rufe ta da malafarta, wannan amsa ce cikakkiya. A yi gaisuwa da hannu da sakin fuska, a girmama dattijo yadda za a girmama Baba a gida. A tsaya a kasuwar kwalekwale, inda kowace mace jirginta ne rumfarta, a sayi abin da ya sauwaƙa ba tare da matsanancin ciniki ba. A dubi jerin jirage da jarkoki a wurin ɗiban ruwan burtsatse, domin ruwan tafkin gauraye yake da gishirin teku, ba ya shawuwa, a kuma dubi yaro ƙarami yana tuƙa jirginsa shi kaɗai zuwa makaranta. Kada a jefa wa yara kuɗi ko alewa cikin ruwa, gama yin haka yana koya musu roƙo, yana kuma zubar da mutuncin iyayensu. Mai son sadaka ya miƙa ta hannun limami ko shugaban makaranta.

Mataki na bakwai: tsarki da salla

Musafirin da ya taso daga Orozo ya wuce mil 48 da malaman Malikiyya suka sanya haddin kasaru nesa ba kusa ba, saboda haka zai yi ta rage salla muddin bai yi niyyar zaman kwana huɗu a wuri ɗaya ba. Ruwan gishiri mai tsarki ne kuma mai tsarkakewa, sai dai wanda yake ƙarƙashin gidaje, idan najasa ta sauya launinsa ko ɗanɗanonsa ko ƙanshinsa, alwala ba ta inganta da shi, kuma wannan ne amfanin butar da aka ambata. Akwai masallaci a garin. A roƙi jagora ya tsaya a can, domin salla cikin ƙaramin jirgi, da wajabcin fuskantar alƙibla da tsayuwa ga mai iko, tana da wuya ainun.

A kama hanyar komowa kafin la'asar, tun iskar teku ba ta tsananta ba, kuma ko kusa kada a bari magariba ta riski mutum a kan ruwa. Idan an sauka, a yi wa matuƙi da jagora ihsani bayan ladan da aka biya, a kwashe duk wata leda da gora zuwa tudu, gama tafkin shi ne titin mutanen nan da gonarsu da rumbunsu. Wanda ya kiyaye waɗannan sharuɗɗa zai bar wa baƙon da zai zo bayansa ƙofa a buɗe, zai kuma bar wa Hausawan Kwatano, waɗanda za su ci gaba da zama da waɗannan mutane bayan tafiyarsa, suna mai kyau. Allah Ya kai mu lafiya, Ya komo da mu lafiya, Ya sa mu amfana da abin da muka gani.